Rakiya Har Bakin Jirgi

Har yanzu ban huce ba, kuma ba na jin zan huce nan kusa. Yarana sun ce tsufa ne ya sa ni riƙo, wai abin da bai kai ya kawo ba nake ɗauka da zafi. To na ji, tsufa ne. Amma a ce matar da ta karɓi haihuwarka da hannunta ta zo yin sallamar ƙarshe, za ta koma Nijeriya ba dawowa, ta miƙe da sandarta za ta tafi, kai kuwa kana zaune gaban kwamfuta ko takalminka ba ka nema ba, in wannan ba wulaƙanci ba ne a gaya mini sunansa. Ɗana na fari ne ya yi haka. Ba na kama sunansa, don a yadda aka raine mu uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, Likita nake ce masa tun kafin ya zama likitan. Matar kuwa Mama Laraba ce, ungozoma mutuniyar Filato. Abin da ya haɗa mu ukun wata ƙaramar tashar jirgin ƙasa ce da ke bayan layinmu, a gabashin Landan wajen Barking.

Ina amarya na zo garin nan, a shekarun da kuɗin mai ya fara ambaliya a gida. Gwamnatin jiharmu ce ta turo maigidana, Allah ya jiƙansa, karatun injiniya, ni kuma aka haɗo ni da shi da ƙullin daddawa da kuka a cikin akwati. A lokacin in ka ce daga Nijeriya kake, masu kantuna har rawar jiki suke yi, don mutanenmu zuwa suke su kwashi leshi da agogo da tangaran kamar gobe za a rufe kasuwa. Mu dai ba mu ga wannan daular ba. Ɗaki ɗaya muka kama a can ƙololuwar wani gida, da mitar gas mai cin sulalla ba ƙoshi, da wata tsohuwar Baturiya mai gidan wadda in na ɗora miya sai ta bi tagogi tana buɗewa tana tsaki. Ba ta son baƙi, ba ta son dariya mai ƙarfi, wayar gidan ma a kulle take a ɗakinta. Maigida ya fita tun safe, ni kuma in wuni ina kallon rufin gidajen mutane, Turancina bai wuce na gaisuwa ba. Abin da ke gaya mini akwai sauran mutane a duniya shi ne ƙarar jirgi, ya taho yana ƙwanƙwasa ƙarfe, ya ja birki da ƙara, ƙofofi su yi huci su buɗe.

Jirgin ƙarƙashin ƙasa ake ce masa, amma a wajenmu a fili yake tafiya, sai ya kusa tsakiyar gari yake nutsewa. Tashar ginin jan bulo ce a kan gada. Kana shiga ga 'yar taga mai gilashi inda ake sayen tikiti, ga ɗakin waya a gefe, sai matakalar katako mai bakin ƙarfe da ƙafafu suka cinye, ta sauke ka kan dandamalin jiran jirgi. A ƙasan akwai babban agogo mai fuska biyu, da ma'aunin nauyi da yara ke hawa, da wata na'urar cakulan ɓarauniya, da banɗaki a buɗe na maza da na mata, da ɗan lambun furanni da ma'aikata ke bai wa ruwa da butar shayinsu. Uwa uba akwai ɗakin jira. Benci ne na katako zagaye da bango, ga murhun gas yana ci ja wur tun daga farkon sanyi har ƙarshensa, ɗakin na warin jiƙaƙƙen kwat da taba da man goge daɓe. Ba wanda ke tambayarka me kake yi a ciki, ko yaushe za ka tashi.

Mai tsaron ƙofa wani tsohon Bature ne mai ɗingishi, muna ce masa Baba Mai Huji saboda ɗan ƙarfen da yake huda tikiti da shi. Surutu gare shi, ko kana ji ko ba ka ji sai ya ba ka tarihin tashar, daga baya a fassara mini. Ya ce a zamanin kakansa duk unguwar gonakin kabeji ne da fadama, jirgi mai hayaƙi ne ke ratsawa ba ya ko tsayawa. Da aka gina wa ma'aikatan masana'antu gidaje jere-jere sai aka yi tashar, daga baya aka kawo jirgi mai lantarki. Ya kan nuna rumfar dandamalin da yatsa, rabi launinta daban, ya ce nan bam ya yaye a lokacin yaƙin duniya, aka yi mata faci washegari jirgi ya ci gaba da aiki. Yana faɗa yana buga ƙirji kamar shi ya hau ya kafa kwanon.

A gida, rakiya ba abin wasa ba ce. Kakata in baƙuwa za ta tafi sai ta yafa mayafi ta bi ta har bakin rafi, can ne hirar gaskiya ke fitowa, abin da aka kasa faɗa a tsakar gida saboda kunnuwa. Ta sha gaya mana cewa wanda ya bar baƙonsa ya fita shi kaɗai korarsa ya yi, bai dai furta ba ne. Da wannan muka zo Landan. A tashar ana sayar da wani ɗan tikiti na sauka dandamali kawai ba shiga jirgi ba, mu muka raɗa masa tikitin rakiya, kuma na tabbata ba wanda ya kai 'yan Arewan unguwar nan sayensa. Tunda masu gidajen haya ba sa son taro, ɗakin jiran nan ya zama zaurenmu. Ɗalibai su rako abokinsu, jirgi ya zo a ce bari na gaba, na gaban ya zo a ce ai ba a gama magana ba. Wani har ya shiga jirgin ya yi tasha ɗaya, shi kuma baƙon ya ga bai kyautu ba ya sake rako shi baya. Baba Mai Huji ya yi ta girgiza kai yana dariya, ya ce bai taɓa ganin mutanen da sallama ke yi wa wuya irinmu ba.

Kuma tun a lokacin na ga inda ɓarakar ta fara, kada wani ya ce mini yaran yanzu ne suka ƙirƙiro ta. Manyan da kuɗin mai ya buɗe wa ido ne. Wani ɗan uwan maigidana, ɗan kwangila, ya zo mana sau ɗaya da baƙar tasi tana jiransa a ƙofa, bai ko cire hularsa ya sha iska ba. Maigida ya ɗauki kwat zai taka masa, sai ya ɗaga hannu ya ce, "Haba, zauna abinka. Nan Turai ne, a bar wannan ƙauyancin." Ranar na ga maigidana ya tsaya da kwat a hannu ya rasa inda zai sa kansa, kuma har yau in na tuna sai raina ya ɓaci.

A ɗakin jiran na haɗu da Mama Laraba. Na'urar cakulan ce ta haɗiye mini sulai ta hana ni komai, na tsaya ina dukanta ina cewa Allah ya isa. Sai na ji an ce a bayana, "Kai, Amarya, bar ta haka, ba ta jin Hausa." Na juya na ga mace kakkaura cikin shuɗin kwat na ma'aikatan asibiti, tana dariya har da riƙe ciki. Ban san lokacin da na rungume ta na fashe da kuka ba, don na yi watanni ban ji Hausa a bakin mace ba. Ta ja ni gaban murhu, ta dubi idona da tafin hannuna ta ce, "Ke ciki gare ki. Wa ke duba ki?" Na sunkuyar da kai. Ta ce, "To, ni ce uwarki a garin nan." Daga ranar duk Lahadi in ta taso daga coci sai ta kamo hanya tun daga Catford, tafiya mai nisa da canjin jirgi, ta zo mini da gyaɗa da acca da faɗa. Amarya ta kira ni ranar, Amarya take kirana har na yi jikoki.

Da cikin ya tsufa sai makaranta ta tura maigida wata masana'anta a arewacin ƙasar. Wata Lahadi cikin tsananin sanyi, dusar ƙanƙara ta kwana zuba, na tashi da ciwon baya mai zuwa yana tafiya. Na san ko mene ne, amma mu an hore mu cewa mace ba ta nuna naƙuda, balle ta fari, abin kunya ne a ji bakinki. Mama ta zo, na dafa mata shinkafa, na yi ta hira ina murmushi, in abin ya murɗo sai in juya baya kamar ina gyara tukunya. Ta tambaye ni sau da yawa, na ce lafiya lau. Bayan la'asar ta miƙe, na jawo mayafi da kwat.

"Ina za ki da wannan tulun cikin? Zauna."

"Mama, ko bakin titi ne."

"Na san bakin titinki. Ƙasa da santsi, ki zauna na ce."

"Wallahi ba za ki fita gidan nan ke kaɗai ba."

Ta yi tsaki ta kama hannuna muka fita. Mai gidan ta tafi wajen 'yarta tun safe, ta kulle ɗakin wayar, gidan ba kowa. Da na bi maganar Mama na tsaya a bakin ƙofa na ce ta gaida gida, da ni kaɗai zan hau saman nan in rufe ƙofa, ba Turanci, ba waya, ba maƙwabcin da ya san sunana.

A kan matakalar tashar asirina ya tonu. Ciwon ya zo mini da wani irin ƙarfi, na damƙe ƙarfen gefe na kasa ɗaga ƙafa. Mama ta dube ni ta ce, "Tun yaushe?" Na ce tun asuba. Ban taɓa jin faɗa irin na ranar ba, da Hausa da Turanci da yarensu, tana yi tana tallabe da ni har cikin ɗakin jira. Muna shiga faya ta fashe. Ta ƙwala wa Baba Mai Huji kira, ya ɗingiso da gudu ya buga wa motar asibiti waya, aka ce hanya ta toshe da ƙanƙara sai an yi haƙuri. Ya fitar da mutanen da ke ciki, ya tuɓe babban kwat ɗinsa ya rataye a gilashin ƙofa, ya kawo butar shayinsa cike da ruwan zafi da tawul ɗin ma'aikata, sannan ya tsaya a waje da 'yar riga cikin sanyin nan yana kora masu leƙe. Mama ta shimfiɗa nata kwat ɗin a daɓe gaban murhu. Ina jin jirage suna zuwa suna wucewa, ƙasa na girgiza a bayana, ina salati tana kiran Yesu, ba wadda ta ce wa 'yar'uwarta ta yi shiru.

Yaron ya fito da cibiya naɗe a wuya, jikinsa ya yi toka-toka, bai yi kuka ba. Na ga fuskar Mama ta canja. Ta zare cibiyar da yatsa, ta kife shi a tafinta tana murza bayansa, ta share masa baki, ta sa bakinta a kan hancinsa da bakinsa tana hura masa iska a hankali. Na ce, "Mama, ya tafi ko?" Ta daka mini tsawa ta ce, "Rufe mini baki!" Ta ci gaba da hurawa tana cewa, "Ba inda za ka, ɗan nan, ba a gabana ba." Can sai ya yi wani ɗan tari, ya tsanyara kuka. A waje na ji Baba Mai Huji yana ihu yana gaya wa mutanen dandamali namiji ne, suka ɗauki tafi. Numfashin farko da ya shiga ƙirjin Likita daga ƙirjin matar nan ya fito. Ya sani sarai, don ba sunan da aka yi ko biki a gidanmu da ba ta ba da labarin ba.

Yanzu je ka ga tashar. Sun ce sun gyara ta. An toshe tagar tikiti, an jera na'urori masu magana. Inda Baba ke tsayawa an kafa ƙofofin gilashi masu buɗewa da kati su rufe a kan ƙugun mutum, tikitin rakiya kuwa yaran yanzu ko labarinsa ba su taɓa ji ba. An cire agogo an sa allo mai walƙiya, kyamarori ko'ina, wata murya tana ta gargaɗi daga sama ba ka ganin mai ita. Banɗaki a kulle. Lambun an shafe shi da siminti an kafa ƙarafan ɗaure keke. Benci kuwa sun kawo wani siririn ƙarfe a karkace, wanda ba a zama sai dai a jingina, da gangan aka yi shi don kada kowa ya daɗe. Duk wanda ya zana wannan abin bai taɓa raka kowa ba, kuma ina jin ba a taɓa raka shi ba.

A kakar da ta wuce Mama ta bugo ta ce jiki ya ƙi, 'ya'yan ƙaninta sun matsa ta koma gida, tana so a binne ta kusa da uwarta. Ta ce za ta zo sallama. Na kira Likita na ce lallai ya zo, ya zo kuwa, da kwamfutarsa. Ya gaishe ta da fara'a, ya ci abinci, ya koma teburin kicin. Da ta miƙe tafiya, sai ya ɗago waya daga inda yake ya ce, "Grandma, na yi miki booking mota, tana zuwa har ƙofa." Ban ce mota laifi ba ce. Amma Mama ta ce, "A'a ɗana, da jirgi na saba zuwa gidan nan, da jirgi zan koma. Ina so in ga tashar." Ta tsaya tana kallonsa, ni na san abin da take jira. Ya ce, "Okay, na yi cancel. Safe journey, Grandma." Ya mayar da abin sauraro kunnensa.

Na tsaya a kansa na ce, "Ba za ka taka mata ba?"

Ya zare kunne ɗaya ya ce, "Umma, ina da meeting. Zan kira ta a video in ta isa."

Mama ta taɓa hannuna ta ce, "Bar shi, Amarya, aiki ne." Muryarta ta yi ƙasa, ban taɓa jin ta haka ba. Na ɗauki sandata da mayafina.

Haka muka tafi, tsofaffi biyu da sanduna biyu. Lif ɗin da suka sa an manna masa takarda wai ya lalace, muka bi matakala muna hutawa, ita ta riƙe ni ni na riƙe ta. Ɗakin jiran yana nan, amma an mayar da shi shagon kofi, ana miƙo wa mutane ta taga, ba kujera ko ɗaya. Mama ta roƙi yarinyar da ke ciki ta bar mu mu leƙa, ta ce ta yi haƙuri, doka ta hana kowa shiga sai ma'aikata. Muka manna fuska a gilashi. Ta nuna wani firji da aka cika da madara ta ce, "Nan ne. Nan murhun yake, nan kika kwanta." Ta yi dariya, ni kuwa hawaye ne suka zubo mini, na baƙin ciki da na fushi a haɗe. Muka jingina da ƙarfen nan. Jirgi ya zo ta ce bari na gaba, na gaban ya zo ni na ce ba mu gama ba. Na lura duk wanda ya sauko daga matakala sai ta ɗaga kai ta duba ko Likita ne. Da ƙafafunta suka gaza ta shiga. Ta ce, "Koma haka nan, Amarya, kin yi rakiya." Na ce ta gaida gida. Na tsaya har jirgin ya sha kwana.

Likita bai kai ga kiran nata ba. Yau ne, gobe ne, har aka bugo mana kafin sanyi ya fita aka ce Mama ta rasu. Ya zo gidan idonsa ja, ya zauna a gabana yana cewa da ya sani. Ban lallashe shi ba. Na ce masa, "Saura rakiya ɗaya a kanka, tawa. Mata ba sa zuwa maƙabarta, kai ne babba, kai za ka bi ni. In ranar ma kana da meeting, ka gaya mini tun yanzu in nemi wani." Ya kifa kai a gwiwata yana kuka kamar ƙaramin yaro, na bar shi ya yi.

Ranar sadakar da na yi mata, wata tsohuwar maƙwabciyata da ta koma wata unguwa ta miƙe za ta tafi, sai na ga ya tashi ba wanda ya ce masa, ya sa takalmi ya ɗauki jakarta suka nufi tasha. Ƙannensa suna ta taɓa ni wai in gani, in yi murna. Na gani. Amma wadda ta yi ta ɗaga kai tana duban matakala ba ta nan.